Gadar da Ke Tashi Sama: Sharhi a Kan Fim ɗin De Brug

Sau biyu na kalli De Brug, gajeren fim ɗin da Joris Ivens, mutumin ƙasar Holan, ya fitar a shekarar 1928, kuma sai a kallo na biyu na gane inda ya dosa. Fim ne baƙi da fari, babu magana, babu jarumi, bai ma kai minti ashirin ba. Abin da ke cikinsa kawai shi ne gadar jirgin ƙasa ta birnin Rotterdam, wadda mutanen garin ke kira De Hef, da aka buɗe a 1927.

Gadar tana da hasumiya biyu na ƙarfe, kuma a wancan lokacin tsakiyarta kan ɗaga sama a kwance domin jiragen ruwa su wuce ta ƙarƙashi. A nan ne fim ɗin ya kama ni. Ivens ya kan kusanto da kyamara har sai ƙafar injin da ke juyawa ta cika fuskar allo, igiyoyin ƙarfe suna zarya, manyan nauyaye suna sauka sannu a hankali yayin da gadar ke hawa. Daga nan sai ya leƙo daga ƙololuwar hasumiya, ruwa can ƙasa, har na ji jiri yana ɗibata ina zaune a kan kujera. Jirgin ƙasa kuwa yana tsaye yana fitar da hayaƙi, yana jiran a ba shi hanya.

Wannan jiran shi ne ma'anar fim ɗin a ganina. Mun saba ɗaukar gada a matsayin abin da ke haɗa gaɓa biyu, amma wannan sai ta yanke hanyar wani kafin ta buɗe wa wani, kuma Ivens ya nuna haka ba tare da ya ce uffan ba.

Ƙorafina ɗaya ne: kwafin da na fara samu a intanet an ɗora masa wani kiɗa mai hayaniya da ya riƙa raba mini hankali, shi ya sa kallon farko ya tashi a banza. Da na kashe sautin, na koma kan kwamfuta maimakon waya, sai motsin ƙarafan ya zama kiɗan kansa. Mai neman labari zai gundura, wannan kam babu shakka.

Jirgin ƙasa ya daina bin gadar tun 1993, da aka mayar da layin dogo ta ƙarƙashin kogi, amma mutanen Rotterdam suka ƙi yarda a rushe ta. Tana nan tsaye, tsakiyarta a ɗage.