Sharhi kan faifan Sweet Smell of Success da darasin hasken James Wong Howe

Faifan Blu-ray na fim ɗin Sweet Smell of Success, wanda kamfanin Criterion ya fitar a shekarar 2011, na saye shi ne saboda mutum ɗaya, kuma mutumin ba ya cikin waɗanda ake gani a fim ɗin. Sunansa James Wong Howe, shi ne ya riƙe kyamara ya kuma tsara haske. Sana'ata ɗaukar bidiyo ce, don haka abin da na je nema shi ne yadda ya sarrafa fitila da inuwa, da kuma wani gajeren shiri na shekarar 1973 da aka haɗa a cikin faifan, inda shi da kansa yake koyar da aikin.

Fim ɗin ya fito a 1957, baƙi da fari ne, Alexander Mackendrick ne ya ba da umarni. Burt Lancaster ya fito a matsayin marubucin jarida mai ƙarfin faɗa a ji a birnin New York, Tony Curtis kuma a matsayin ɗan kanzaginsa mai neman shiga ta kowace ƙofa. Galibin labarin da daddare yake faruwa, a titunan Manhattan da gidajen cin abinci da na rawa. A nan ne ingancin faifan ya bayyana. A kwafin da na taɓa gani a intanet, duk wurin da ya yi duhu ya zama baƙi ƙirin babu komai a cikinsa, amma a wannan gyararren kwafin ana rarrabe baƙar kwat da baƙin bangon da ke bayanta, ana ganin ƙyallin fitilun talla a kan kwalta, ana ganin gumi a goshin Curtis. Wanda bai ga wannan bambancin ba zai zaci hasken ne bai isa ba, alhali kuwa duhun an auna shi ne da gangan.

Fitowar Lancaster ta farko ita ce wadda na fi maimaitawa. Yana zaune a teburi a wani gidan cin abinci, sanye da tabarau mai kaurin baki, an sauko masa da haske daga sama, sai inuwar tabarau ɗin ta faɗo kan idanunsa da kumatunsa, fuskar ta yi kama da ƙoƙon kai. Kafin ya buɗe baki mai kallo ya riga ya san cewa wannan mutum abin tsoro ne. Curtis kuwa yana zaune a ɗan bayansa, fuskarsa a fili, kowane motsin ido ana ganinsa, ta yadda kwaɗayinsa da fargabarsa ba su da wurin ɓuya. Mu da muka saba kunna duk fitilar da muke da ita don kada a ce hoton bai fito ba, wannan wurin kaɗai ya isa ya sa mu sake tunani.

Shirin 1973 ɗin an ɗauke shi ne Howe yana da shekara fiye da 70, shekara uku kafin rasuwarsa. Ana ganinsa yana jera fitilu yana bayanin dalilin ajiye kowacce a inda ya ajiye ta, cikin magana mai sauƙi, babu fankama. Abin da na ɗauka daga ciki shi ne cewa yana fara tambayar kansa daga ina hasken ya kamata ya fito a cikin labarin, taga ce ko fitilar kan tebur, sannan ya gina sauran a kan amsar. Gajere ne sosai, kuma hotonsa na zamaninsa ne, ba a gyara shi kamar fim ɗin ba. Ga ɗalibin haske yana da amfani ƙwarai, amma wanda ke son cikakken tarihin mutumin zai tashi da sauran ƙishirwa, domin nauyin shirin yana kan sana'a ne.

Tarihin kuwa ya cancanci a tsaya a kansa. An haife shi a 1899 a Taishan da ke lardin Guangdong na ƙasar Sin, sunansa na yanka Wong Tung Jim. Yana ɗan shekara biyar aka kawo shi garin Pasco a jihar Washington, inda mahaifinsa ke da kanti. Ya yi dambe yana saurayi, daga baya ya gangara Los Angeles ya samu ƙaramin aiki a kamfanin fim na Famous Players-Lasky, har ya zama yaron da ke riƙe allo a gaban kyamarar darakta Cecil B. DeMille. Abin da ya ɗaga shi wani hoto ne da ya ɗauki jaruma Mary Miles Minter. Fim ɗin da ake sa wa kyamara a wancan lokaci yana mayar da shuɗi fari-fari, don haka masu shuɗin ido sukan fito kamar idon ya dushe. A hoton Howe idanunta sun fito da duhu, ya bincika ya gano cewa wani baƙin karammiski da ke kusa ne ya yi inuwa a cikin ƙwayar idon. Sai ya kewaye kyamararsa da baƙin karammiski ya bar ƙofa ga gilashin, kuma a 1923 ya zama babban mai ɗaukar hoto a fim ɗinta Drums of Fate.

Daga nan bai daina ƙirƙira ba. A fim ɗin Transatlantic na 1931 ya ɗauki hoto ta yadda na kusa da na nesa duk suke fitowa tar, shekara goma kafin fim ɗin Citizen Kane ya sa dabarar ta yi suna. A Body and Soul na 1947 ya sa takalmi mai taya ya shiga fagen dambe da ƙaramar kyamara a hannu, yana bin 'yan damben, wanda aiki ne da tsohon ɗan dambe ya fi kowa sanin inda zai tsaya. Sau goma ana sa sunansa a takarar Oscar, ya ci biyu, ɗaya da The Rose Tattoo na 1955, ɗaya da Hud na 1963. Fim ɗinsa na ƙarshe shi ne Funny Lady na 1975, ya rasu a watan Yulin 1976. Sweet Smell of Success, wanda a ganina yana cikin ayyukansa mafiya kyau, bai samu kasuwa ba lokacin da ya fito, kuma bai kawo masa ko shiga takara ba.

Duk wannan ya yi shi ne a Amurka, ƙasar da dokarta ta 1882 ta hana mutanen Sin zama 'yan ƙasa, dokar da ba a soke ba sai 1943, lokacin da ya riga ya shafe shekara ashirin yana ɗaukar manyan taurarin Hollywood. Ya auri marubuciya Sanora Babb a Paris a 1937, amma jihar California ba ta amince da aure tsakanin farar fata da wani jinsi ba har sai da kotu ta rushe dokar a 1948. A lokacin yaƙin duniya na biyu ma sai da ya riƙa maƙala bajo a riga mai nuna cewa shi ɗan Sin ne, don kada a ɗauke shi Bajapane. Na so a ce an ware wa wannan ɓangare shiri na musamman, amma faifan na fim ɗin ne gaba ɗaya, kuma sauran abubuwan da aka haɗa sun fi karkata ga darakta da marubutan labarin. Akwai sharhin murya na masanin fim James Naremore da ake iya kunnawa a kan fim ɗin, da wani shiri na 1986 kan Mackendrick, da ɗan littafi a cikin kwalin.

Mai niyyar saye ya lura da abu biyu. Faifan na shiyyar A ne, wato ta Amurka, don haka sai na'urar da ke karɓar wannan shiyya ko wadda ke karɓar kowace shiyya za ta kunna shi. Sannan Turancin fim ɗin na 'yan jaridar New York ne, mai sauri da habaici, rubutun ƙasa kuma na Turanci ne kawai. Ni dai ranar da na zauna nazarin hasken, rage sautin na yi gaba ɗaya, na riƙa tsayar da hoton ina lissafa inda kowace fitila take.