Faifan tarihin AC/DC da na saya: na farko ya sa ni hawaye, na biyu ya ƙona min rai

Tun ina ƙarami nake jin waƙoƙin AC/DC, ƙungiyar mawaƙan rock ta Ostareliya, a wani kaset mai baƙin bango da Yayana, Allah ya jiƙansa, ya dawo da shi daga makaranta. Shi ya sa da na ga wani mai sayar da fayafayai a intanet ya saka hoton faifan bidiyo guda biyu na tarihin ƙungiyar, wai daga 1973 har 2020, ko ciniki ban tsaya yi ba. Kun dai san tsadar irin kayan nan yanzu, ga kuɗin mota a kai. Kwana huɗu ya iso tasha, kwalin ya ɗan lotse, ban damu ba.

Faifai na farko kam kuɗina ya biya. Ya ɗauko labarin tun daga tashin iyalin Young daga Gilasgo zuwa Ostareliya a 1963, da yadda Malcolm da ƙanensa Angus suka kafa ƙungiyar a Sidni. Ban taɓa sanin a jikin keken ɗinkin yayarsu Margaret aka ga harufan nan da suka zama sunan ba. An nuna yadda aka sallami mawaƙinsu na farko, Dave Evans, a 1974, Bon Scott ya karɓi makirufo.

Amma inda ya kama ni shi ne Fabrairun 1980. Ƙungiya ta fara ganin haske, Amurka ta fara sauraronsu, sai ga Bon an bar shi kwance cikin mota a Landan bayan ya sha giya ya yi tatul, cikin tsananin sanyi. Ranar 19 ga wata aka same shi ba rai, yana da shekara 33. Sun yi tunanin watsewa, iyayen Bon suka ce su ci gaba. Cikin makonni suka ɗauko sabon mawaƙi, Brian Johnson, mutumin wajajen Niyukasil, wanda a lokacin yake sana'ar sa wa motoci rufi. A watan Yuli suka fitar da Back in Black, wato kaset ɗin nan da Yaya ya kawo. Ashe baƙin bangon nan na makoki ne, ƙararrawar da ke buɗe kaset ɗin kuma ta jimamin abokinsu ce. Shekara da shekaru muna jin ƙararrawar nan ni da Yaya a ɗakin ƙofar gida, muna buga tebur, ba mu san ta mutuwa ba ce. Na danna tsayawa na yi shiru. Uwargida ta leƙo ta ce, "Malam, lafiya?" Na kasa ba ta amsa. A daren nan da mai kayan ya nemi ƙarin kuɗi da na ba shi.

Washegari na saka na biyu. Ya fara lafiya lau: mai ganga Phil Rudd ya tafi a 1983, Simon Wright ya zo, bayansa Chris Slade, Rudd ya dawo a 1994. Ana shiga 2014 hoto ya daskare. Na fitar na goge da hankici, na mayar, nan ya sake tsayawa. Na kai injin maƙwabcina, haka. Na sa a kwamfutar ɗana, haka. Da na juya bayan faifan a hasken taga sai na ga launin nan na faifan da aka tura a shago, ba na kamfani ba. Kwafi aka sayar min a kuɗin na asali.

Kuma a ina ya tsaya? Daidai kan Malcolm, wanda saboda shi na saya. Kowa Angus yake kallo da gajeren wandonsa na 'yan makaranta, alhali jitar Malcolm ce ke riƙe da kiɗan daga baya. Cutar mantuwa ta sa ya ajiye a 2014, ɗan yayansu Stevie Young ya maye gurbinsa, Malcolm ɗin ya rasu a Nuwamban 2017 yana da shekara 64. A 2016 likitoci sun gargaɗi Brian zai iya kurumcewa, Axl Rose, mawaƙin ƙungiyar Guns N' Roses, ya ƙarasa musu zagayen wasannin da suke yi, sannan Brian da Rudd da mai jitar bass Cliff Williams, waɗanda duk sun bar ƙungiyar a tsakani, suka dawo a 2020. Duk wannan a bayan kwali kawai na karanta an yi alkawarinsa, ko minti ɗaya ban gani ba.

Na kira mai kayan. Ya ce, "Alhaji, injinka ne ya tsufa." Na ce inji uku na gwada. Ya ce zai duba ya kira ni. Yau mako uku ke nan, saƙona ma ba ya buɗewa. Da raina ya ɓaci na koma kan na farkon, sai na lura shi ma sautinsa yana hawa yana sauka, kuma canjin mai jitar bass na 1977, inda Cliff Williams ya maye gurbin Mark Evans, a guje aka wuce shi.

Na farkon yana nan, na kalli wajen 1980 ɗin ya kai sau biyar. Na biyun na mayar da shi kwalinsa, ina jiran rabin kuɗina. A wajen mutumin nan kuwa ko batir ba zan sake saya ba.