Wane littafin Jusserand ya cancanci kuɗinka?

Duk wanda ya shiga nazarin tsohon adabin Ingilishi, musamman ɗalibin jami'a da aka ɗora wa karatun manyan marubutan Ingila Chaucer da Shakespeare, ba zai daɗe ba sai ya ci karo da sunan Jean Jules Jusserand. Bafaranshe ne da aka haifa a birnin Lyon a 1855, ya rasu a Paris a 1932, kuma jakadanci ne sana'arsa: ya yi aiki a ofishin jakadancin Faransa da ke Landan, ya wakilci ƙasarsa a Denmark, sannan aka naɗa shi jakada a Amurka a 1902, ya riƙe muƙamin har 1925, tun daga zamanin Theodore Roosevelt zuwa na Calvin Coolidge. Duk da wannan hidima bai ajiye alƙalami ba, ya rubuta littattafai da dama a kan adabi da tarihin Ingila. Mai saye a yau, wanda zai biya kuɗin littafi da na jigila daga ƙasar waje, ba zai iya kwashe su duka ba, don haka dole ya zaɓa.

Shawarata ita ce a fara da English Wayfaring Life in the Middle Ages, kuma in kuɗin littafi ɗaya ne kawai a hannu, a tsaya a kansa. Ya fara fitowa da Faransanci a 1884, Lucy Toulmin Smith ta fassara shi zuwa Ingilishi a 1889, marubucin ya ƙara masa bayanai, aka kuma sa hotunan da aka kwafo daga tsofaffin rubuce-rubucen hannu, sannan ya sake gyara shi da faɗaɗa shi a bugun 1920. Abin da ya ɗauko shi ne rayuwar mutanen da ke kan hanya a Ingila a ƙarni na 14, waɗanda tarihin sarakuna da yaƙe-yaƙe ba ya waiwayarsu. Ya kasa littafin gida uku: hanyoyin kansu, matafiya na yau da kullum, da matafiya masu fita da sunan addini.

A kashin farko mai karatu zai ga cewa gyaran gada a wancan zamani aikin lada ne kamar ciyar da miskini, har ana gina ƙaramin ɗakin ibada a kan gadar, kamar yadda aka yi a tsohuwar Gadar Landan wadda aka fara ginawa a 1176 aka kammala a 1209. Zai ga dokar Winchester ta 1285, wadda ta umarci a sare daji da ƙananan itatuwa har tsawon ƙafa 200 a kowane gefen babbar hanya don kada 'yan fashi su sami wurin laɓewa. Zai ga mai laifin da ya tsere cikin coci ya sami mafaka ta kwana 40, daga nan ya yi rantsuwar barin ƙasa, ya kama hanyar tashar jirgin ruwa a ƙasa riƙe da gicciye. Jusserand ya tsamo irin waɗannan abubuwa ne daga dokoki da koke-koken da aka kai gaban majalisa da waƙoƙin zamanin, kuma yana nuna inda ya samo kowanne.

Kashi na biyu shi ne wanda ban gajiya da komawa gare shi. Nan ne mawaƙa da 'yan koli da manzanni masu kai saƙo suke, nan ne kuma leburorin da suka gudu daga gonakin iyayengijinsu bayan annobar 1348 da 1349 ta rage hannuwan aiki, gwamnati ta kafa dokar 1351 don ta danne ladan ƙwadago, su kuwa suka bazama neman inda za a biya su da kyau. Marubucin ya nuna yadda waɗannan masu yawo suka zama masu ɗaukar labari da ra'ayi daga gari zuwa gari, har abin ya taimaka wa tawayen talakawa na 1381. Akwai kuma mai tallan magani da ke shimfiɗa kayansa a dandali yana rantsuwa cewa ganyensa yana warkar da kowace cuta, wanda duk mai zuwa tashar mota ko cin kasuwar ƙauye zai gane shi nan take. A kashi na uku ake samun masu wa'azi da mahajjatan Canterbury da Walsingham, wuraren ziyarar ibada na Kiristocin Ingila, da masu sayar da takardun yafiyar zunubi, irin mutumin nan na Chaucer da ke yawo da ƙasusuwan alade a kwalba yana cewa na waliyyai ne. Ɗalibin da ya karanta wannan kafin ya buɗe The Canterbury Tales na Chaucer zai san su wane ne mutanen da ke cikin ayarin masu ziyarar da littafin ke ba da labarinsu, ya kuma san abin da ya sa ake yi musu ba'a.

Babban abokin takarar wannan littafi a cikin ayyukan Jusserand shi ne A Literary History of the English People, aiki mai juzu'i 3 a bugun Ingilishi, wanda ya fito tsakanin 1895 da 1909. Ilimi ne mai yawa, amma ya tsaya ne a yaƙin basasar Ingila na ƙarni na 17, ga tsada ga nauyi, kuma littattafan tarihin adabi na baya sun wuce shi a wurare da yawa. Ya fi dacewa da ɗakin karatu. Littafinsa na 1894 a kan Piers Plowman, wata doguwar waƙar Ingilishi ta ƙarni na 14, na masu bincike ne, musamman wanda ke bin muhawarar da ya yi daga baya da masanin adabi Ba'amurke John Matthews Manly, inda ya tsaya a kan cewa mutum ɗaya ne ya rubuta waƙar. The English Novel in the Time of Shakespeare yana magana ne a kan labaran da ba kowa ke karanta su ba a yau. With Americans of Past and Present Days shi ne ya ci kyautar Pulitzer ta Amurka ta farko a fannin tarihi a 1917, masu sayarwa kuma suna buga wannan a bango don jan ciniki, amma zancen Amurka da Faransa ne, babu ruwansa da adabin Ingila.

Zaɓen littafin ma bai kai zaɓen bugun wahala ba. Littattafan nan sun tsufa, hakkin mallakarsu ya ƙare, saboda haka kowa yana iya buga su ya sayar, kuma kasuwannin intanet cike suke da bugu na jabu masu bango mai sheƙi. Na taɓa biyan kuɗi mai ciwo ga wani mai sayarwa, na jira makonni, da littafin ya iso sai na tarar babu hoto ko ɗaya a ciki. A shafin da ya kamata a ga keken dawakin manyan mata na ƙarni na 14 sai rubutun da ke ƙasan hoton kawai ya rage, yana rataye a kan farar takarda. Bayanan ƙasan shafi sun kutsa cikin tsakiyar jimloli, kalmomin tsohon Faransanci da Latin sun koma tarkacen haruffa, fihirisa kuma tana nuna lambobin shafi na wani bugu dabam. Na'ura ce ta karanta tsohon bugu ta zubar da abin da ta iya, ba wanda ya duba kafin a ɗinke.

Don haka kafin ka biya, nemi a nuna maka hoton shafukan ciki, kada ka yarda da hoton bango kaɗai. Duba ko an ambaci sunan mai fassara, duba ko bugun yana bin na 1920, duba adadin shafi, domin cikakken littafin ya haura shafi 400, duk wanda ya zo siriri to an yanke wani abu, galibi ratayen ƙarshe da ke ɗauke da ainihin takardun da ya dogara da su. Akwai masu kwafar hoton shafin tsohon bugu kai tsaye, waɗannan sun fi dama-dama tunda tsarin shafi ba ya canzawa, sai dai hotunan kan fito baƙi ƙirin, wani lokaci har da tambarin ɗakin karatun da aka kwafo shi. A yi hattara kuma da sababbin fassarori marasa sunan mai fassara, domin yawancinsu aikin kwamfuta ne. Game da tarihin adabin nan mai juzu'i 3, dabarar da aka saba yi ita ce a sayar da juzu'i ɗaya da cikakken sunan littafin ba tare da an faɗa ba, mai saye ya ɗauka ya samu duka.

Hanya mafi aminci ita ce ka buɗe tsohon bugun kyauta a Internet Archive, shafin intanet mai adana tsofaffin littattafai, ka ga yadda shafukansa da hotunansa suke, sannan ka gwada da abin da ake son sayar maka. In son samu ne, a nemi tsohon bugu na hannu daga masu sayar da littattafan da aka yi amfani da su, ko da bangon ya sha jiki. 'Yan'uwa a Nijar da Kamaru da Chadi da ke karanta Faransanci suna iya ɗaukar bugun 1884, amma su sani ya fi na Ingilishi gajarta, domin ƙarin da marubucin ya yi daga baya ba ya cikinsa. Wanda kuma zai kafa hujja da littafin a kundin digirinsa, ya haɗa shi da aikin masana na baya, tunda bincike a kan hanyoyi da fataucin Ingila na wancan ƙarni ya ci gaba sosai bayan 1920.