Ɗalibin da ya zaga da mu mize ranar asabar, kuɗinshi sun halatta

Salamu alaikum jama'a. Masu yara a Yamai da ke neman inda za su kai su cikin bakansin nan, ga abin da na gani da idona. Ranar asabar na kai ɗiyata da ɗan ƙanena Mize Boubou Hama, wato gidan tarihin ƙasa, wata makwabciya ce ta haɗa ni da wani ɗalibin jami'a mai karatun duwatsu da ƙasa, yana zagawa da iyalai yana musu bayani da Hausa ko Zabarmanci, jikka uku ya amsa banda kuɗin shiga.

Da farko dai ya makara, mun kusa rabin awa a bakin ƙofa rana na dukanmu, kuma in ya ɗau zafi sai faransanci ya riƙa kuɓuce mishi sai na ce malam dawo Hausa. Iyakar ƙorafina kenan.

Ƙasusuwan dinozor kowa ya san su, da ƙaton kadan nan na Gadufawa cikin hamadar Tenere da ya yi zamani shekara wajen miliyan 110 baya, da itacen Tenere da mota ta kaɓe a 1973 aka kawo shi nan. Inda ya burge ni shi ne lokacin da ɗiyata ta ce to su itatuwan da can ina ƙashinsu yake? Wallahi bai yi mata dariya ba, ya tsuguna ya zaro ƙwallon dabino da na magarya daga aljihu ya aza mata a tafin hannu, ya ce ganye na ruɓewa fure na ruɓewa amma ƙwallo mai tauri ne, in laka ko toka ta rufe shi ruwa mai ma'adini ya ratsa shi a hankali sai ya koma dutse da siffarshi yadda take.

Sai ya buɗe waya ya nuna musu hoton wasu ƴan ƙwayoyi da aka tono a jihar Oregon ta Amurka, shekarunsu wajen miliyan 43, na wata shuka ce dangin ayaba da ta ƙare a duniya, Ensete oregonense, a 1993 masana suka raɗa mata sunan. Ba wanda ya taɓa ganin ta a tsaye, da ƙwayar kawai aka gane ta, saboda ƙirarta ta zo ɗaya da ta danginta masu rai. Ɗan ƙanena ya ce ai ayaba ba ta da ƙwallo kawu! Ɗalibin ya ce ta kasuwa ce ba ta da shi, ta daji cike take da ƙwallaye masu tauri, kuma danginta na nan a Habasha har yau mutane da gindin suke tuwo ba da ɗiyan ba. Ya ƙara da cewa tunda irin wannan shuka ta tsiro a Oregon to can ma ƙasar zafi ce a lokacin, kamar yadda Tenere tamu ta taɓa zama gulbi da kadoji. Nan ni ma na yi shiru ina saurare, raina ya sosu.

Ɗiyata ta ce a shuka ta mana ta dawo. Ya ce wadda ta zama dutse ba ta tsira har abada, amma ƙwallon dabino mai shekara kusan 2000 da aka samu a Masada ta ƙasar Isra'ila ya tsiro a 2005 don shi bushewa kawai ya yi.

Tun da muka dawo ta cika gwangwanin madara da ƙwallon aduwa, goriba da kanya tana jera su a tabarma tana gwada wa ƙawayenta bambancinsu. In za ku ɗauke shi ku je da safe kafin rana ta yi, ku riƙe ruwa, ku kuma bar yaran su yi ta tambaya don a nan ya fi ƙwarewa. Asabar ta sama zan koma da yaran yayata.