Gargaɗi: masu tikitin keken doki na bogi a Alaska sun fara farautar mutanenmu

Jama'a, musamman 'yan uwa mazauna Amurka da Kanada da ke shirin fita da iyali a hutun bazara, ku karanta wannan kafin ku tura wa kowa ko sisi. Akwai wani shafi a Facebook, da lambar WhatsApp a jikinsa, yana tallar yawo a keken doki cikin dajin Denali na jihar Alaska, tare da cin abinci a tsakiyar daji, wai kuma naman yankan Musulmi ne. Ƙarya ce tsagwaronta. Ba su da doki, ba su da keke, ko tukunya ba su da ita. Dala 1,140 suka ci mini. Ba zan kawo sunan shafin ba, don tun daga lokacin ya sake suna, kuma sunan da ya yaudare ni da shi ya yi kama da na wasu masu sana'ar tsakani da Allah. Ba na so in shafa musu kashin kaji.

Abin da ya sa damfarar take ci shi ne yawon da kansa gaskiya ne. A garin Healy, kamar mil 11 arewa da ƙofar shiga gandun Denali, akwai masu wannan harka daga tsakiyar watan Mayu zuwa tsakiyar Satumba. Keken katako ne mai rumfar tamfol, irin na Turawan da suka riƙa ƙaura zuwa yammacin Amurka a da, manyan dawakan jan kaya biyu ke jansa. A bi da ku a hankali ta cikin gajerun itatuwa da fadama, duwatsu na kewaye da ku, a sauke ku a wata rumfa a ba ku abinci, a dawo da ku. 'Yan sa'o'i ne kawai. Hotunan waɗannan mutane ɓarayin suka kwashe, har da bidiyon da baƙi suka ɗauka, suka liƙa a shafinsu. Dawakin wani suke sayarwa, mai dawakin bai ma sani ba.

Ni abin da ya ja ni Baffana ne. Ƙanin mahaifina ne, ya zo mana ziyara daga gida, kuma duk wanda ya san shi ya san shi da doki. Ya fi shekara talatin yana hawan Sallah, har yanzu akwai akawal ɗaure a turke a gidansa. Tunda ya zo babu abin da ya burge shi a ƙasar nan, dogayen gine-gine ma kallo ɗaya yake musu ya kau da kai. Ranar da na nuna masa hoton dawakan nan a waya, sai ya karɓe wayar, ya matso da ita kusa da ido, ya ce, "Kai, wannan doki ne ko giwa? Dubi kofato kamar akushi." Irin dawakan Beljiyam ne, ɗaya kan kai kilo 900. Nan take na ƙudurta sai na kai shi ya gani da idonsa.

Na rubuta wa shafin da Turanci. Da mutumin ya ga sunana sai ya yi mini sallama cikakkiya, ya shiga kirana ɗan uwa, kowace jimla da in sha Allahu a ƙarshenta. Ya ce ya san wahalar da Musulmi ke sha wajen abinci a irin waɗannan wurare, inda haƙarƙarin alade ke gefe ɗaya da kaza a kan gasa ɗaya. Wannan kuwa gaskiya ne, duk wanda ya yi tafiya da iyali a karkarar Amurka ya san yadda ake ƙarewa da burodi da soyayyen dankali. Ya ce su rago suke yankawa musamman, akwai ma shimfiɗar sallah a rumfar. To a nan ya kama ni. Da araha ya zo mini da ita da na yi shakka, amma da ya biyo ta ƙofar addini sai na ajiye hankalina a gefe.

Kuɗin ba a tashi ɗaya ya karɓa ba, shigo-shigo ba zurfi ya yi mini. Keke guda namu mu kaɗai, mu shida, dala 600, a ba da rabi kafin alƙalami. Na tura 300 ta Zelle, wata hanyar tura kuɗi kai tsaye daga asusun banki zuwa wani a Amurka. Bayan kwana huɗu ya ce mai rago na jira, 350. Na tura. Saura mako ɗaya ya ce wasu sun zo da kuɗi a hannu suna son ranarmu, in cika ragowar 300 ko a ba su. Na cika. Ana jibi tafiya ya ɓullo da harajin jiha da kuɗin izinin shiga gandu, 190. Uwargida ta ce, "Abban yara, anya mutumin nan? Kullum da sabon lissafi." Na ce mata haka Amurka take, komai da haraji. Ashe jihar Alaska ba ta ma da harajin saye da sayarwa na jiha gaba ɗaya. Minti ɗaya a intanet ya isa in gano haka, ban duba ba.

Muka sauka a birnin Anchorage na Alaska, muka ɗauki hayar mota, muka kama babbar hanyar Parks zuwa arewa, mil wajen 250, tafiyar kusan awa biyar in an haɗa da tsaye-tsayen yara. Ya ce mu jira a wani gidan mai a Healy ƙarfe shida na yamma, motarsu za ta zo ta ɗauke mu. Baffa ya sa babbar riga, ya ɗora jaket a kai, ya kafa hula. Shida ta yi, shida da rabi ta yi. Na kira, ya ce direba na hanya. Bakwai ta yi, saƙona ya daina shiga. Bakwai da rabi na duba shafin, an toshe ni. Muna tsaye sauro na cin mu, sauron Alaska kuwa ba ya jin kunyar kowa, rana tana sama kamar hantsi don a watan Yuli hasken yini a can ya kan kai awa ashirin. Ƙaramar 'yata sai tambaya take, "Abba, ina dokin?" Baffa bai ce komai ba, ya ciro carbi.

Washegari na nemi masu keken na ainihi, na nuna wa matar da ke karɓar baƙi rasit ɗin da aka turo mini. Ta duba littafinsu, babu sunana. Ta kalli hotunan ta ce dawakansu ne, har ta faɗi sunan kowanne, amma lambar wayar da asusun ba nasu ba ne, kuma su ba sa karɓar kuɗi ta wannan hanyar. Ta ba ni haƙuri kamar ita ta yi laifin.

Da na zauna daga baya na sake karanta tallar da idon wanda aka riga aka cuta, sai na ga ƙaryar a fili take tun layin farko. Sun rubuta cewa keken zai shiga cikin gandun har tafkin Wonder. Hanyar gandun Denali guda ɗaya ce, tsawonta mil 92, tafkin yana wajen mil na 85. Motar gida ma ba a barinta ta wuce mil na 15, daga nan sai motocin safa na gandun. Bugu da ƙari, tun watan Agustan 2021 zaftarewar ƙasa a wurin da ake kira Pretty Rocks, wajen mil na 45, ta datse hanyar, lokacin da muka je safa ma a mil na 43 take juyawa. Da na karanta wa Baffa wannan, na ce masa mil 85 kusan Kano zuwa Zariya ne, sai ya ajiye kofin shayi ya ce, "Kai yanzu da iliminka, doki mai jan amalanke da mutum shida zai je Zariya ya dawo tsakanin la'asar da isha? Da ka tambaye ni ai." Gaskiyarsa. Dokin jan kaya tafiyar ƙasaita yake yi, mil uku ko huɗu a awa. Na tambayi waya, ban tambayi mai doki da ke zaune a falona ba.

Sun kuma yi alkawarin gasasshen naman mus, wata dabbar dawa mai faffaɗan ƙaho da ta fi doki tsayi. Dokar Alaska ta hana sayar da naman farauta irin wannan. Maharbi zai ci, zai yi kyauta, amma ba a sa shi a jerin abincin sayarwa. Abin da za ka samu a kasuwa shi ne kifin salmon da naman barewar kiwo ta yankin ƙanƙara, shi ma wannan sau da yawa ana cakuɗa shi da naman alade in an yi tsiran Turawa da shi, don haka a riƙa tambaya. Sai kuma alkawarin ganin hasken nan mai launi-launi da ke bayyana a samaniyar arewa. A Yuli? Sama ba ta yin duhun da za a gan shi sai ƙarshen Agusta zuwa Afrilu. Har da tabbacin ganin ƙololuwar dutsen Denali, mai tsayin mita 6,190, alhali mutanen wurin kan ce baƙo ɗaya cikin uku ne ke dace da ganinsa saboda gajimare. Mai sana'ar gaskiya ba ya yi maka alkawarin abin da ke hannun Allah.

Lambar wayar ma ba ta Alaska ba ce. Jihar duk girmanta da 907 lambobinta ke farawa. Wannan kaɗai ba hujja ba ce, don ma'aikatan bazara daga ko'ina suke zuwa da wayoyinsu, amma kamfanin da ke da barga a Healy ya kamata a ce yana da lamba ɗaya ta wurin. Sannan a kowane shafin kasuwanci na Facebook akwai sashen da ke nuna ranar da aka buɗe shi da sunayen da ya taɓa ɗauka. Da na leƙa, shafin da ke cewa ya shekara ashirin yana aiki bai cika wata biyar ba, kuma da can takalma yake talla. Gwamnatin jihar tana da rumbun lasisin kasuwanci a intanet, kyauta ne, ka sa suna ka gani ko akwai shi. Na sa nasu, babu.

Maganar hanyar biya ita ce ta fi ƙona mini rai, domin na sani. Zelle an yi shi ne don tura kuɗi tsakanin mutanen da suka san juna, kamar ka miƙa wa mutum tsaba a hannu ne, in ya tafi ya tafi. Da da katin bashi na biya, dokar tarayya ta 1974 ta ba ni kwana 60 daga fitowar takardar lissafin kati in ƙalubalanci kuɗin abin da ba a ba ni ba. Shi ya sa ɗan damfara ke gudun kati kamar wuta. Zai ce na'urarsu ta lalace, ko ya ce zai rage maka kaso goma in ka tura kai tsaye, ko ya ce ka sayo katin kyauta na kanti ka karanto masa lambobin. Ni na farkon ya faɗa mini. Da ka ji ɗaya daga cikin ukun nan, rufe wayarka.

Na kai ƙara inda ya dace: hukumar kare masu saye ta tarayya, FTC, da sashen FBI mai karɓar koken laifukan intanet, IC3, da ofishin kare masu saye da ke ƙarƙashin babban lauyan jihar Alaska. Na sanar da bankina, na kuma kai rahoton shafin. Kuɗi dai ban sa ran dawowarsu ba. Amma duk wanda abin ya taɓa shafa ya daure ya kai rahoto, ya ajiye hoton hirar da rasit da lambar asusun. Na san halinmu, kunya kan sa mu haɗiye irin wannan mu ce ƙaddara ce, su kuwa da wannan shirun suke cin na gaba.

Wani abu kuma ga 'yan uwa na gida. Bayan na ba da labarin a wani zaurenmu na WhatsApp, wani ya turo mini hirarsa da lambar nan ɗaya. Shi daga Najeriya ya rubuta musu, sai suka ce in ya biya kuɗin yawon za su haɗa masa da takardar gayyata da za ta sa a ba shi biza. Babu mai keken doki da ke da ta cewa a ofishin jakadanci. Bizar ziyara ana cike takardarta ne a shafin gwamnatin Amurka, a biya kuɗinta ta hanyar da ofishin ya tsara, a je ganawa ido da ido. Rasit ɗin bogi kuwa in ka gabatar da shi, kai zai ja wa matsala, ba su ba. Allah Ya taimake shi bai tura ba.

Wanda ke son yawon nan ya je, yana da daɗi, amma ya nemi lambar kamfanin da kansa daga masaukin da zai sauka ko ofishin baƙi na yankin, ya kira ya ji muryar mutum, ya tambayi inda bargar take, ya biya da kati. Batun abinci ka faɗa musu gaskiya tun wuri, ka ce kifi kake so, a gasa shi daban. Mu haka muka yi a ƙarshe, don matar nan ta samo mana gurbi a keken yamma, na sake biya, wannan karon da kati. Ba rago, ba shimfiɗar sallah, a kan jaket ɗina muka yi la'asar a bayan rumfa. Kafin a tashi Baffa ya roƙi direban ya bar shi ya taɓa dawakan. Ya shafa wuyan ɗaya, ya ɗaga leɓensa ya duba haƙora, ya ɗaga yatsu tara. Direban ya yi dariya ya ce shekararsa tara ɗin ne cif.

Shafin yana nan har yanzu da sabon suna. Makon jiya na sa uwargida ta duba da wayarta, ta tarar sun sauya hotuna, yanzu dawakan suna jan keken kan ƙanƙara, ana karɓar kafin alƙalami na hutun Disamba, kuma kalmar halal tana nan a layin farko.