Ajin koyon girkin Indunusiya a wani lambu kusa da Ubud

Duk wanda ya sauka a garin Ubud na tsibirin Bali a ƙasar Indunusiya zai tarar da tallan ajujuwan koyon girki a kusan kowane masauki, kuma alkawarin da suke yi iri ɗaya ne: za a kai mutum kasuwa, a zagaya da shi lambu ya tsinko kayan miya da hannunsa, sannan ya girka abinci kala-kala ya zauna ya ci. Na halarci ɗaya daga cikin irin waɗannan ajujuwa a wani gida da ke ƙauye, a arewacin garin, kuma abin da na fito da shi shi ne cewa darajar ajin ba ta cikin yawan abincin da aka jera a kan tebur, tana cikin rabin sa'ar da muka yi a gaban dutsen niƙa. Sauran abubuwan, wasu sun yi armashi, wasu kuwa ado ne kawai da aka yi domin masu ɗaukar hoto.

Mota ta zo ta ɗauke mu a masauki da misalin ƙarfe 8 na safe, mu tara ne daga ƙasashe daban-daban, aka fara da mu da wata ƙaramar kasuwar ƙauye. A nan ne rauni na farko ya bayyana. Kasuwannin Bali da asuba suke ci, saboda haka kafin mu isa mata masu sayen cefanen gida sun riga sun watse, wasu 'yan kasuwar ma sun fara tattara kayansu. Jagoranmu ya nuna mana 'ya'yan itatuwa irin su salak mai ɓawo kamar fatar maciji da manggis, ya ba mu muka ɗanɗana, muka koma mota cikin abin da bai kai minti 20 ba. Ba mu sayi ko albasa ɗaya da muka yi girki da ita ba. Wanda bai taɓa shiga kasuwa a wannan yanki na Asiya ba zai ji daɗin kallon, amma ba zan ce an koyi wani abu ba.

Lambun kuwa wani labari ne daban. Yana bayan gidan, a gefen gonakin shinkafa masu hawa-hawa waɗanda ruwa ke ratsawa ta ƙananan magudanai, bisa tsarin ban-ruwa na gargajiya da ake kira subak, wanda hukumar UNESCO ta sanya cikin jerin wuraren tarihi na duniya a shekarar 2012. Aka ba kowa kwando da malfa, malamar da kowa ke kira Ibu, wato uwa a harshensu, ta shige gaba. Ba ta yarda ta gaya mana sunan tsiro ba sai mun murza ganyensa mun shinshina. Ta sa na durƙusa na tono saiwa huɗu da suka yi kama da juna a ido, ta karya kowacce da farce: citta mai yaji, kurkum da ya rina mini yatsu rawaya har washegari, lengkuas mai tauri da ƙamshi mai kaifi, da kuma kencur, 'yar ƙarama mai ƙamshi kamar na magani. Kafin wannan rana na sha karanta cewa idan babu lengkuas a sa citta a madadinsa, amma da na riƙe su biyun a hannu, ƙasa na jikinsu, sai na gane cewa danginsu ɗaya ne kurum, aikinsu a tukunya ya sha bamban. Muka yanko sereh, ciyawar nan mai ƙamshin lemun tsami, muka tsinko barkono da dogon koren wake da ganyen pandan, aka saro mana ganyen ayaba.

Ya kamata a faɗi gaskiya game da kalmar "daga lambu" da suke talla da ita. Saiwoyi da ganyaye da barkono daga lambun suka fito, na shaida da idona. Albasa da tafarnuwa da gyaɗa da kaza da kifi kuwa an riga an sayo su, suna jiran mu a kicin. Ban ɗauki wannan a matsayin yaudara ba, domin babu ƙaramin lambun da zai ciyar da baƙi kullum da komai, sai dai da sun faɗa tun farko da ya fi.

Kicin ɗin rumfa ce buɗaɗɗiya, kowane mutum biyu da murhunsu da wuƙa da katakon yanka. Aikin farko shi ne haɗa base genep, wato cikakken haɗin kayan ƙamshi wanda yawancin girkin Bali ke tsayawa a kansa. A cikinsa akwai ƙananan jajayen albasa, tafarnuwa, barkono, saiwoyin nan huɗu, masoro, gyaɗar ƙamshi, kanumfari, kemiri da terasi. Kemiri wata ƙwaya ce mai maiƙo da ke sa haɗin ya yi kauri, kuma malamar ta ja mana kunne kada wanda ya kai ta baki ɗanya, domin tana ɓata ciki idan ba a dafa ta ba. Terasi kuwa curin ƙananan jatan lande ne da aka bari suka ruɓa da gishiri aka shanya. Warinsa ya sa wata Baturiya da ke kusa da ni ta ja da baya, amma da aka gasa shi kaɗan a wuta sai warin ya koma ƙamshi, kuma shi ne ke ba miya zurfin ɗanɗanon da gishiri kaɗai ba ya bayarwa.

Ba a daka wannan haɗi kamar yadda ake yi a turmi. Dutsen nasu, cobek, faffaɗa ne kamar faranti, ɗan dutsen kuma, ulekan, lanƙwasasshe ne, ana dannawa ne ana murzawa da wuyan hannu. Na fara da bugu, kayan suka yi ta tsalle suna zubewa. Ibu ta zo ta kama hannuna ba tare da ta ce komai ba, ta karkata shi, ta danna ta ja, sai ga albasar ta narke. Ta kuma nuna mana jerin da ake bi: gishiri da busassun kaya masu tauri tukuna, sannan saiwoyi, sai masu ruwa a ƙarshe, in ba haka ba ƙwayoyin masoro za su yi ta sulɓewa cikin ruwan albasa. Mun ɗauki wajen minti 30 a kan wannan, kafaɗa ta yi tsami, amma a nan ne na fahimci dalilin da ya sa suke fifita dutse a kan injin markaɗe. Injin yana yanka ne kuma sau da yawa sai an ƙara masa ruwa, dutse kuwa yana murƙushewa har man kayan ya fito ya haɗe su. Bayan haka aka soya haɗin a man kwakwa da wuta kaɗan-kaɗan, kuma ba a ba mu adadin mintuna ba: alamar nuna ita ce launin ya yi duhu, ɗanyen warin tafarnuwa ya tafi, mai ya rabu ya taso a gefe. Wannan darasi kaɗai ya biya kuɗin ajin, domin wanda ya iya shi ya riƙe mabuɗin girke-girke da dama.

Akwai tarihi a cikin wannan dutse, ko da yake ajin bai taɓo shi ba, abin da na ga gibi ne. Gyaɗar ƙamshi asalinta tsibiran Banda ne, kanumfari kuma daga tsibiran Maluku irin su Ternate da Tidore, kuma a kansu ne Turawan Fotugal da Holan da Ingila suka yi ta gwabzawa. Barkonon da a yau ba a tunanin abincin Indunusiya babu shi baƙo ne daga nahiyar Amurka, wanda ya iso ta hannun 'yan kasuwar Turai a ƙarni na 16. Minti biyar na irin wannan bayani da ya ƙara wa aikin armashi.

Daga haɗin nan muka yi sate lilit, wato niƙaƙƙen nama da aka cuɗa da gogaggiyar kwakwa da base genep, a naɗe shi a jikin karan sereh a gasa a garwashi. Naɗin yana da wuyar da ba a gani sai an gwada, nawa biyu na farko sun zame sun faɗa wuta, sai da aka nuna mini yadda ake juya karan da hannu ɗaya ana matse naman da babban yatsa na ɗayan. Ƙamshin ciyawar yana ratsa naman daga ciki, abin da tsinken gora ba zai yi ba. Muka yi pepes ikan, kifi da aka shafe da haɗin aka ƙunshe a ganyen ayaba, aka turara sannan aka ɗora a wuta. Dabarar ita ce a fara gitta ganyen a kan harshen wuta har ya yi laushi, in ba haka ba zai tsage wajen naɗewa. Abin da ya fi burge ni shi ne mafi sauƙinsu, sambal matah, wanda ba a dafawa: yankakkiyar albasa da sereh da barkono da ɗan terasi, a matsa lemun tsami, a zuba man kwakwa a murza da hannu. A nan ne ɗanyen kayan lambu ya nuna kansa, domin babu wutar da za ta ɓoye tsufan albasa ko bushewar ciyawa.

Madarar kwakwa ma da hannu muka tatsa, bayan an goge kwakwar an zuba mata ruwan ɗumi. Tatsar farko mai kauri ake ajiyewa zuwa ƙarshen girki, ta biyu mai ruwa-ruwa ita ake fara dafa kaza da ita, kuma ba a barin ta tafasa da ƙarfi ba tare da juyawa ba, don kada ta tsinke.

Inda ajin ya fara sakin layi shi ne wajen yawa. An yi alkawarin abinci kala takwas cikin sa'o'i kusan uku, wannan kuwa ba ya yiwuwa ga masu koyo. Miyar gyaɗar gado-gado, wato kwaɗon kayan lambu, mun tarar an riga an soya gyaɗarta, tempe, wato wainar waken soya da aka bari ta kumbura da wani nau'in naman gwari, an yanka an ajiye, mu dai juyawa muka yi. Dadar gulung, siririn fanke kore da ruwan ganyen pandan ya rina, mai ɗauke da kwakwa da jan sukari a ciki, kowa guda ɗaya ya soya, sauran ma'aikata suka ƙarasa a baya. Da an tsaya a kan kala huɗu an bar mu mun yi su daga farko har ƙarshe, da mun fi ƙaruwa. Haka nan an rage barkono sosai saboda baƙi, sai da na roƙa aka ƙara mini a nawa, don haka wanda ke son ɗanɗanon da mutanen gari ke ci ya faɗa tun kafin a fara niƙa.

Ga matafiyi Musulmi akwai abin lura. Indunusiya ce ƙasar da ta yi suna da yawan Musulmi, amma mafi yawan mutanen Bali mabiya addinin Hindu ne, kuma naman alade yana cikin abincinsu na yau da kullum, har ma wasu nau'o'in lawar, wato haɗin yankakkun kayan lambu da kwakwa da nama, ana haɗa su da jini. A ajin da na halarta kaza da kifi kaɗai aka yi amfani da su, kuma da na rubuta musu tun kafin ranar sun amsa ba tare da ɓata lokaci ba, suka ba ni zaɓin kifi da tempe. Duk da haka, rashin alade a jerin abinci ba ya nufin kazar yankan Musulmi ce, kuma tambaya a kan tukwane da wuƙaƙe ba laifi ba ce. Wanda yake son cikakkiyar natsuwa zai iya neman irin wannan aji a Yogyakarta da ke tsibirin Jawa, ko a Lombok da ke maƙwabtaka da Bali, inda Musulmi suka fi yawa. Mai rashin jituwa da gyaɗa ko jatan lande shi ma ya sanar da wuri, domin terasi yana shiga kusan komai ba tare da an gan shi ba.

A lokacin da na je, kuɗin irin waɗannan ajujuwa a yankin Ubud ya kama daga rupiya (kuɗin Indunusiya) 350,000 zuwa 500,000 ga mutum ɗaya, galibi har da motar ɗauka da maidowa da abincin da za a ci, kuma a ganina farashin bai yi tsada ba. Ajin safe ne ke haɗawa da kasuwa, na yamma ba ya yi, kuma bisa abin da na gani wanda ya zaɓi na yamma bai yi asarar komai ba. A lokacin damina, daga wajen Nuwamba zuwa Maris, hanyoyin lambu suna yin santsi, saboda haka takalmi mai rufi ya fi silifa. Kafin a biya kuɗi yana da kyau a tambayi adadin mutanen da ake ɗauka a rana, da kuma ko kowa zai sami dutsensa ko kuwa kallo za a yi ana nunawa.

A ƙarshen ajin an raba mana 'yar takarda mai ɗauke da bayanin girke-girken, an auna komai da giram da cokali, alhali kuwa duk tsawon ranar ban ga Ibu ta auna komai ba, sai dai ta shinshina ta ɗanɗana ta ƙara. Na sayi ƙaramin cobek a hanyar komawa masauki, ya cinye mini wani kaso mai tsoka na nauyin kayan da jirgi ya yarje mini, kuma sai da na niƙa ɗanyar shinkafa a kansa sau uku kafin ya daina fitar da tsakuwa.