Sharhi: Kundin fayafayan Godzilla da aikin Ishiro Honda

Kundin nan na kamfanin Criterion ya fito a 2019, fina-finan Godzilla, dodon nan na fina-finan Japan, guda 15 ne daga 1954 zuwa 1975 a faifan Blu-ray takwas. Saboda mutum ɗaya na saye shi, wato darakta ɗan Japan Ishiro Honda, wanda ya ba da umarni a takwas daga cikinsu.

Duk mai ganin fim ɗin dodo wasan yara ne, ya zauna ya kalli na 1954. Honda ya yi aikin soja a China, aka kama shi fursunan yaƙi, kuma a hanyarsa ta komawa gida a 1946 ya ratsa ta Hiroshima, garin da Amurka ta jefa wa bam ɗin nukiliya. A watan Maris na 1954 kuma ƙurar bam ɗin nukiliyar da Amurka ta gwada a tsibiran Bikini da ke tekun Pasifik ta sauka kan wani jirgin masunta na Japan. Tasirin duk wannan yana cikin fim ɗin. Bayan dodon ya ƙone Tokyo, kyamarar Honda asibiti take shiga, inda ake ɗora na'urar auna gubar nukiliya a jikin ƙaramin yaro. Akwai wata uwa da ta rungume 'ya'yanta wuta na ci, tana ce musu sun kusa haɗuwa da babansu. Wallahi nan sai da na tsayar da faifan. Hoton baƙi da fari ya fito tas, kiɗan Akira Ifukube kuma yana ratsa ƙirji. Har nau'in da Amurkawa suka yanke a 1956, suka cusa ɗan wasan fim Raymond Burr, an saka a kundin. Ku kalli su biyun a jere ku ga abin da aka cire.

Fina-finan da suka biyo baya ba su kai na 1954 ba, gaskiya. Da kamfanin Toho, mai shirya fina-finan, ya karkata ga yara, kuɗin aiki ya ragu, sai aka koma maimaita tsofaffin hotunan faɗa. Na 1969 ya fi fama da wannan. Amma ko a can Honda bai saki damuwarsa ba, labarin yaro ne da iyayensa ke wuni wurin aiki, yana komawa gida shi kaɗai a unguwar masana'antu.

Abin da ke min ciwo shi ne yadda ake ambaton shahararren daraktan Japan Akira Kurosawa a manta da Honda, alhali aminai ne, kuma Honda ya taya shi aiki a fina-finansa na ƙarshe har zuwa rasuwar Honda a 1993.

Kundin yana da tsada, fassarar da ke ƙasan hoto kuma ta Turanci ce. Kafin ku biya, ku tabbatar na'urarku tana karanta faifan da za a aiko muku, don akan kulle faifan Blu-ray ga wani yankin duniya. Wanda kuɗinsa bai kai ba ya nemi na 1954 shi kaɗai, da muryoyin Japananci na asali.